Kitson Gwaggo

"Wallahi Mama ba za ki taɓa min kai ba!"

"Zauna na ce."

"Ba zan zauna ba. Wace irin kwarkwata ce wannan da ba ta ƙarewa tun ina goye?"

Ɗankwalina yana hannunta na hagu, almakashi a na dama. Ina tsugune ina wanke-wanke ta zo ta bayana ta fizge shi, sai ga abin da nake ɓoyewa tun bara ya fito fili. Gashi. Baƙi wuluk, mai cika, ya isa a kama a kitse. Mama ta kalle shi kamar ta ga maciji a cikin tukunya.

Bari in yi muku bayani da sauri, don ni ba na son dogon zance. A gidanmu duk 'yar da Mama ta haifa ba ta da izinin tara gashi. Ni da Auta, ƙanwata, duk sati sai a zaunar da mu a kwashe mana kai tas. A makaranta ba mai kiran sunana, 'Yar Ƙwal suke ce min. Ranar da iska ta ɗauke min ɗankwali a filin wasa, har malamin lissafi sai da ya juya baya yana dariya. In na tambayi Mama dalili, kwarkwata. In na sake tambaya, mari.

Kaka ce ta cece ni, mahaifiyar Baba. Bara ta ce wa Mama, "Bar min wannan, ni zan dinga yi mata, hannunki zafi gare shi." Sai mu shiga ɗakinta mu rufe ƙofa, ta dinga ƙyasta almakashi a iska, ƙyas ƙyas ƙyas, ni kuma ina toshe baki kar dariya ta tona mu. Ta shafa min wani mai mai ƙamshi da take ɓoyewa a ƙasan gado, ta ce, "Ƙawata, bar shi ya fito. Wata rana sai an tsaya kallonki." Ni kuwa in ce, "Tsohuwa, ke kaɗai ce mai hankali a gidan nan."

Mutum ɗaya ce mai kitso a cikinmu, Yaya, babbarmu. Ƙanana-ƙanana ne, masu kyau kamar an zana. Tun ina ƙarama nake ganinsa a kanta, ba a taɓa tsefe shi ba, bai taɓa tsufa ba. Yaya ba ta magana. An ce zazzaɓi ne ya hau mata kai. Tana zaune ne kawai a bakin ƙofa, yatsunta suna kitsa duk abin da suka samu: bakin tabarma, igiyar shanya, zaren mayafi. Kwanakin nan ne na lura kitson nata ya fara warwarewa daga ƙeya. Na kuma lura tun daga lokacin Baba ya daina cinye abincinsa.

To mu koma tsakar gida.

"Wa ya bar miki wannan?" in ji Mama. Ta juya wajen ɗakin Kaka. "Ke ce? Ke ce, ko? Ɗaya ba ta ishe ku ba?"

Kaka ta fito tana dogara sanda. "Ke dai kin cika hayaniya. Yarinya ta girma, a bar ta ta yi kama da mutane mana." Ta dube ni tana murmushi. "Ƙawata, rabu da ita. Jar akuyata ta tsinke ta yi ƙarshen gona. Yi maza ki kamo min ita kafin duhu ya yi."

Mama ta yi wata irin ƙara da ban taɓa ji ba. Ta cafko ni da nufin datse gashin a tsaye, muka yi ta kokawa, na murɗe almakashin daga hannunta na soke shi a ƙuguna, cikin zane. Sai ga Baba ya taso daga kan tabarmarsa. Baba mutum ne mai tsafta, kullum safe da yamma sai ya bi kansa da haɓarsa da reza, ko silin gashi ba ya kwana a jikinsa. Ban taɓa tsayawa na yi tunanin dalili ba.

Ya riƙe wuyan hannun Mama. Bai kalle ni ba.

"Aike ne kawai," ya ce. "Je ki."

"Kar ki je! Don Allah, 'yata, kar ki je! Ki tsaya in faɗa miki!"

Da ta ce min haka tun ina shekara goma da na tsaya. Amma ranar raina a ɓace yake, kuma ni a ganina na waye. Na fara karanta littafi tun daga bango har bango ba tare da bin layi da yatsa ba, ina jin tsoron magariba na waɗanda ba su je makaranta ba ne. Na ce, "Ai kin sha samun lokacin faɗa." Na fita kaina a buɗe, da gangan, don ta gani.

Gonarmu doguwa ce. Masara ta fi ni tsawo a lokacin, hanya kuma siririya, daidai ƙafar mutum ɗaya. An yi ruwa da rana, ƙasa tana ƙamshi, kwaɗi sun fara kukansu daga wajen rafi. Iska tana shiga cikin gashina. Wallahi daɗi na ji. Ban taɓa jin iska a gashi ba.

A can ƙarshen gonar akwai wani tsohon ɗakin ajiya da kwaɗo a ƙofarsa. An hana mu zuwa, wai macizai. Ban da shi akwai abu ɗaya kuma da aka hana mu, wato tambaya game da Gwaggo, ƙanwar Baba. Abin da na sani kawai, mai kitso ce, ta haukace, ta shiga duniya tun ban yi wayo ba.

Na yi nisa sai na ji kukan akuyar. Na ƙara sauri. Wani gemun masara ya shafe ni a kumatu, na kai hannu zan ture shi.

A kitse yake.

Na tsaya na duba. An raba shi uku an kitse shi tsaf har ƙarshe. Na ce ko yaran maƙwabta ne. Na dubi na kusa da shi. A kitse. Na gaba ma haka. Dama da hagu, iya ganina, duk masarar da ke wajen an yi mata kitso, ƙanana-ƙanana, irin na kan Yaya.

Sai na lura kwaɗin sun yi tsit.

Na so in juya. Amma na tuna fuskar Mama, na ce in na koma hannu biyu ta ci nasara. Na ci gaba.

Ƙamshi ne ya fara tarbata. Na san shi. Man nan ne na ƙasan gadon Kaka.

Akuyar tana ƙofar ɗakin. Ba tsinkewa ta yi ba. A ɗaure take a jikin turke, da irin ƙullin da Kaka kaɗai ke yi, mai kunne biyu. Jikinta sai ɓari yake. Ɗan gemunta ma a kitse.



Daga nesa ladan ya fara kiran magariba. Na sa hannu a igiyar. Yatsuna suka ƙi aiki.

Kwaɗon ƙofar yana ƙasa, a buɗe.

"Sannu da zuwa, 'yar yayana."

Muryar mace ce, a hankali, mai daɗi, irin ta wadda ta saba rarrashin yara.

"Kin yi girma. Shigo mana kafin haske ya tafi."

Ban ce wa ƙafafuna su tafi ba. Su suka tafi.

Ciki duhu ne, sai ɗan ja-jan rana ta wata ɓula a rufi. Na ga wani ƙarfe mai zobe a kafe a bango, da guntun sarƙa mai tsatsa. Na ga wani wuri a daɓen ɗakin ya lotsa, dogo, daidai tsawon mutum. Na ga 'yar kujera. Abin da ke kan kujerar ban gani ba, don wuyana ya ƙi ɗagawa.

Na juya baya na zauna a ƙasa, kamar yadda nake ganin 'yan mata suna yi a gidan mai kitso.

Gwiwoyi biyu suka matse min kafaɗu. Sanyinsu kamar jikin tulu.

"Masha Allah. An kula da shi. Tsohuwa ta cika alkawari."

Tsinke ya bi tsakiyar kaina ya tsaga. Yatsu suka shiga. Na yi ƙoƙarin ƙirga su da fatar kaina, na kasa. Sun fi na mutum yawa.

"Gwaggo?" na ce.

Aka yi 'yar dariya a saitin kunnena. Numfashin warin ƙasar rami yake.

"Gwaggonki tana nan ƙarƙashinmu. Ta huta. Ni ce dai na zauna da ita lokacin da kowa ya guje ta. Ita ta koya min. Sunkuyar da kai."

Na sunkuyar.

"Lafiyarta ƙalau aka kawo ta. Rabin gonar nan nata ne, ubansu ya bar mata. Yayanta ya ce ta haukace. Uwarsu ta ce haka ne. Kar ki motsa."

Aka ja, aka ɗaure jelar farko. A take na manta abin da ya kawo ni. Na ji akuya tana kuka a waje, na ce ta wace ce wannan?

"Kullum da magariba tana kira. A turo min yarinya in yi mata kitso, hannuna zai manta. Ba a turo ba. Wata damina rafi ya cika, aka daina kawo abinci. Da ruwa ya janye ma ba a zo da wuri ba."

Jela ta biyu. Na nemi hanyar gida a cikin kaina, babu. Masara kawai, ko'ina masara.

"Da ta yi shiru sai na ci gaba da kiran a madadinta. Na je gidan da kaina. Yayan nata ya tashi da safe ya ji gemunsa a kitse. Sai ya turo min babbar."

Na fara addu'a a zuci. Na san ta tun ina ƙarama. Na kai tsakiya, sauran ya ɓace, kamar an goge allo.

Jela ta uku.

Wata mata ta faɗo min a rai, tana kuka, ana riƙe da hannunta. Na san ina jin haushinta. Na kasa tuna wace ce.

Kuma abin da ya fi ba ni tsoro yanzu, daɗi nake ji. Barci-barci. Yatsun hannuna na hagu sun kama bakin zanena sun fara raba zaren uku.

"Haka nan, 'yar albarka. Saura kaɗan ki huta da surutu."

Aka danna kaina ƙasa don a kai ga ƙeya.

Wani abu ya soke ni a cinya.

Zafin ya ratsa ni har ƙwaƙwalwa. Almakashi. Na wa? Na matar nan mai kuka.

Mama.

Na zaro shi. Ban yi tunani ba. Na kai shi kaina na datse, a gindin gashi, har da fata. Na sake. Na sake. Jini ya gangaro min cikin ido.

Yatsun suka ƙara damƙa. Na yanke abin da suka damƙa. Suka koma gefe, na bi su. Duk inda na ji sanyi, nan nake sa ƙarfe.

"Ban gama ba."

Muryar ta daina zama ta mace.

"Ban gama ba!"

Na ji kaina ya yi sakayau. Ba sauran abin riƙewa. Na wuntsila gaba, na buge ƙofa da kafaɗa, na faɗi a kan akuyar, na tashi.

Gudu.

Ganyen masara yana yankar fuskata. Kitsattsun gemun suna shafar kaina, ɗaya bayan ɗaya, suna lalube, suna zamewa. Takalmina ɗaya ya fita. Ban waiga ba.

Daga bayana muryar ta koma mai daɗi, a hankali, kamar a kafaɗata take.

"To a turo min ƙaramar."

Na faɗo tsakar gida an kunna fitila. Mama tana zaune a ƙasa, Baba yana tsaye a kanta ya tare hanya. Auta ta maƙale a bayan Yaya.

Kaka ce ta fara ganina. Ba ta kalli jinin ba, ba ta kalli ƙafata ba. Kaina ta kalla. Sannan ta juya wajen ɗanta.

"Ba ta gama ba," ta ce.

Ko sannu. Matar da nake ce wa ita kaɗai ce mai hankali. Shekara guda tana kiwona kamar yadda take kiwon akuyarta.

Mama ta ja ni ɗaki ta sa sakata. Ta wanke min kai da ruwan ɗumi da gishiri, ta kwashe ɗan abin da ya rage. Wannan karon ban motsa ba.

"Kin sani," na ce.

"Na je gidanmu haihuwarki aka aiki yayarki. Na dawo na same ta haka."

"Me ya sa ba ki faɗa min ba? Me ya sa ba mu tafi ba?"

"Babanki ya ce in na buɗe baki zai ce ni ma na haukace. Kin ga inda ake kai mahaukata a gidan nan." Ta share hanci da bakin zane. "Na ce in dai ba gashi, ba abin kamawa. Iya dabarata ke nan. Ki yafe min marin."

Na kifa kaina mai ciwo a cinyarta.

Har yau da nake rubuta wannan a gidan Kawu, yayan Mama, akwai layi uku a kaina da gashi ba ya fitowa. Hanyar gida ta dawo min, fuskar Mama ta dawo, addu'ar kuma sai da na sake koyonta daga farko kamar 'yar yaye. Hannuna na hagu kuwa, in na shagala da karatu, sai in ga ya kama bakin mayafi yana kitsawa. Zama nake yi a kansa.

Amma bari in ƙarasa muku da safiyar.

Gari ya waye muka ji Baba yana salati. Muka fito. Kaka tana zaune a bakin ƙofarta, kanta ba ɗankwali. A cikin furfurarta akwai jela ɗaya, siririya, tun daga goshi har ƙeya. Tana kallon Baba tana murmushin baƙunta.

"Bawan Allah," ta ce masa, "wa kake nema?"

Baba ya ja da baya. Ya shafa haɓarsa, ya shafa kansa, ya sake shafa haɓar. Rezarsa da kwanon ruwa suna kan dakali, ko fara askin safen bai yi ba. Idonsa ya yi ta yawo a tsakar gida har ya sauka a kan Auta. Tana tsaye tana murza ido, kanta ya yi ɗan baƙi-baƙi don sati ya kusa zagayowa.

"Daga yau," ya ce, "kar wanda ya sake taɓa kan yarinyar nan."

Mama ba ta yi ihu ba. Ta shiga ɗaki ta fito da zane, ta ɗaga Auta ta ɗora min a baya duk da ta wuce goyo, ta ɗaure tam. Ta kamo hannun Yaya ta sa a nawa. Ta soka min almakashin a ƙugu.

"Gidan Kawunku. Ku bi bakin titi, kar ku bi ta gona. Ina bayanku, in ya sake ni."

"Ba inda za su!" Baba ya yi tsawa. Mama ta sha gabansa, ta riƙe rigarsa da hannu biyu. Ban san tana da ƙarfi haka ba.

"Ke! Ni ne ubanki! In kuka tafi wa zai... wa za ta..."

Na tsaya na kalle shi. Yau kam ya kalle ni, har cikin ido, kuma ba kunya na gani a ciki ba. Tsoro ne zalla.

Na miƙa hannu kan dakali na ɗauke rezar, na jefa ta cikin rijiya. Muka ji ƙarar faɗawarta can ƙasa.

"Baba, kai ma kana da kai," na ce. "Ka bar shi ya fito. Ƙanwarka ce ta yi ta kira, ba tamu ba."

Na ja Yaya muka bi ta zaure. Na kama ƙofar gidan da duk ƙarfina na bugo ta, har ƙasa ta zubo daga bango, na gyara goyon Auta, muka kama hanya.